Arbab ɗin Fim Daban, Kafilina Daban

Zuwa ga Alhaji, shugaban kamfanin fassarar finafinai da nake wa murya a Kano.

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, da fatan kana lafiya, iyali da ma'aikata duk lafiya. Na kira har na gaji, yaranka kullum sai su ce ka shiga mitin. Shi ya sa na biyo ta shafinku, inda na san ko ba ka karanta ba za a karanta maka.

Na ɗaya. Kai ka san yadda muka fara. Ina sayar da turare a shagon kafilina, wato ubangidan da ya tsaya mini a ƙasar nan, a Batha, nan Riyadh, ka ji Larabcina na kasuwa ka ce ya isa. Ka riƙa turo mini finafinan dattijon nan na Iran, mai rubuta labarinsa da kansa, ya ba da umarni, ya kuma fito a ciki. Ni ba Farisanci nake ji ba, rubutun Larabcin ƙasan hoton nake bi. Ina lulluɓa da bargo a ɗakina na unguwar Al-Oud don kada ƙarar esi mai sanyaya ɗaki ta shiga, in naɗa a waya in turo. Har mutumin ya shiga raina. Ɗan mai gasa burodi ne, da riƙe fitila ya fara a wurin ɗaukar fim, kuma bai taɓa yarda ya fito a mai kuɗi ba. Da kuka sa ni karanta tarihinsa, da bakina na faɗi yadda aka hana shi aiki shekaru saboda magana ɗaya da ya sa a fim. Ban san gaba nake karanta wa kaina ba.

Na biyu. A fim ɗin lambun rumman, ya fito a ɗan ƙodago, ya tsaya gaban mai lambu ya ce arbab ya shanye guminsu, Allah zai bi musu. Na fassara da "mai lambu". Editanka ya ce in sake, in bar "arbab", wai ta fi daɗin kunne. Na gaya masa a can mai gona ake nufi, amma a nan haka leburorin Indiya da Pakistan suke kiran ubangidansu. Ya ce ai 'yan Kano ne masu kallo.

Na uku, kuma shi ne abin da ya hana ni cin abinci. Kun yanko wannan gaɓar kaɗai don talla. Kun cire lambun, kun cire fuskar dattijon, kun sa hotona a bakin shago da sunana, kun rubuta "Muryar Riyadh a fim ɗin Iran". Alhaji, wa ya ga fim a nan? Mutum ne a ƙofar shagon kafilinsa yana wa arbab Allah-ya-isa, ga sunan Iran a samansa. Ni ɗan kasuwa ne, na san talla. Wannan da wuyana kuka yi shi.

Abin ya riga ya zagaya. Hausawa masu shara a unguwar Ulaya sun turo mini, ɗalibai sun tare ni da dariya bayan Juma'a. Maƙwabcina ɗan Pakistan kalma ɗaya ya gane, yanzu da na wuce sai ya ɗaga gira. Shi ne ya nuna wa kafilina. Kafili ba ya jin Hausa, sai ya miƙa wa direbansa, wani dattijo mutumin Damagaram, ya ce ya fassara. Bawan Allah ya ce tallan turare ne. Allah ya saka masa, amma ƙaryar nan ba za ta wuce ranar da aka sami wani tafinta ba, kuma Hausawa a unguwar Naseem ba su ƙirguwa.

Igamata, wato takardar izinin zamana, ta kusa ƙarewa, sabuntawa a hannun kafili take. Tun ranar bai yi mini faɗa ba, bai kuma yi mini wasa ba. Na fi tsoron shirun. Motar 'yan sanda ta tsaya sayen shayi, kwalbar turare ta suɓuce mini. Ina da 'ya'ya biyu da aka haifa a nan, Larabcinsu ya fi Hausarsu. In aka kai ni tarhil, inda ake tara waɗanda za a kora, me zan ce musu?

Roƙona: a sauke tallan daga duk shafukanku yau. A cire sunana da hotona. A saka gaɓar cikakkiya, da lambun da fuskar mai ita, da bayani cikin Larabci cewa maganar fim ce, don in sami abin nuna wa kafili kafin wani ya riga ni.

Dattijon da aka hana aiki gidansu ya koma, a garinsu, ya jira har aka buɗe masa. Ni in aka rufe mini, jirgi ne.

Allah ya ƙara maka arziki da lafiya, ya tsare ka daga ranar da za ka ji tsoron muryarka. Ban sa suna ba, kun riga kun sa mini.

Wassalam.