Takardun Yaya da Yaron da Ta Yanke wa Cibiya

Zuwa ga 'yata Auta,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata takardar nan za ta same ki lafiya, ke da maigidanki da yara. Allah ya ƙara lafiya, ya rufa asiri, ya sa wa aikinki albarka. Mu nan muna nan. Mai ɗakina ta samu sauƙin ƙafarta, ɗalibaina sun gama jarrabawa, ni da jan biro ne kawai muke ta fama.

Maganar Yaya, mahaifiyarki, ce ta sa na rubuto. Na san kullum a waya Yaya ce miki take lafiya lau. To, wata bakwai ke nan fanshonta bai shigo ba. Lokacin da aka kira tantancewa, an ce kowa ya zo da takardar kama aiki da ta ritaya. Akawun da ta tarar a taga, ashe ita ta karɓi haihuwarsa a asibitin da ta shekara talatin da biyar tana unguwarzoma. Ya zagayo ya durƙusa, ya kira ta Mama, ya ce ba za ta bi layi ba yana raye. Ta miƙa masa takardun na asali, ba kwafi, ba shaidar karɓa. Da na tambaye ta dalili, sai ta ce ta yaya za ta dubi idon yaron da ta yanke wa cibiya ta ce ya rubuta mata shaida. Bayan nan ofishin ya koma bene, fayil ya ɓata, sunanta ya fita daga jerin waɗanda ake biya. Yaron ba ɓarawo ba ne, Auta. Sakaci ne, da tsoron manyansa.

Na je wurin lauyar ƙungiyar 'yan fansho, mace mai haƙuri, ta zaunar da ni kamar ɗalibi. Ta ce fansho haƙƙi ne, ba alfarma ba, kuma ba a tsayar da shi sai an sanar da mutum dalili a rubuce. Ɓatan fayil ma laifin ofis ne. Ta ce mu kai koke a rubuce, a buga mana hatimi a kwafinmu, idan suka yi shiru mu wuce gaba, har kotu in ta kama. Amma koke yana da wa'adi, namu zai cika ƙarshen watan gobe. Kuma sai ɗayan biyu: ko mu haɗa da kwafin takardun, ko Yaya ta rubuta sunan wanda ya karɓe su.

Sunan ne ta ƙi. Ta ce yana da 'ya'ya huɗu, ba ita za ta zama sanadin korarsa ba. Ba ta faɗa, ba ta kuka. Duk Litinin takan yafa farin mayafinta ta tafi ta zauna a bencin nan na ƙofar ofis. Yaron ya fito ya durƙusa, ya sayo mata ruwa, ya ce mako mai zuwa. Ta sa masa albarka ta dawo. Shekaranjiya na tarar da ita da wuƙa tana raba ƙwayar hawan jininta biyu don ta kai ta. Ita da ta yi ta yi wa mata faɗa a kan haka. Na juya na nufi kantin magani. Na sayo mata na wata guda, ta karɓa ta ce an gode, kamar baƙo ne ya kawo.

Ga abin da nake so. Lokacin da kika nemi tallafin karatu an buƙaci takardun aikinta, ni na raka ki shagon kwafi, na matsa miki sai kin yi bibbiyu, har kika ce Kawu ya fiye naci. Ki duba shuɗiyar jakar takardunki. Idan suna nan, ki ɗauko hotonsu ki turo yau, kwafin ya biyo baya. Da su, ba sai an ambaci kowa ba. Idan babu, ki kira ta da kanki, ke ce ba ta iya yi wa musu. Ke ma ma'aikaciya ce, 'yata. Kada ki taɓa rabuwa da takardar asali ba shaida, ko da ni ne a bayan tagar.

Koken na rubuta shi, yana ƙarƙashin rediyonta, da gurbin suna a buɗe. Kullum takan ɗaga shi ta goge ƙura ta mayar.

Ki gaida maigidanki, da yaran nan naki, Sarkin Tambaya da ƙanwarsa Mai Wushirya, ki ce ina jiran sakamakonsu. Mai ɗakina tana gaisuwa. Yaya ta gan ni ina rubutu, ta ce in gaya miki tana nan lafiya lau. Na gaya miki.

Naki,
Kawunki Malamin Lissafi