Zaren Horia Zai Tafi Duniyar Wata

Zuwa ga Ilinca, sanyin idanuna, furen farko bayan narkewar ƙanƙara, ƙoramar da ke gangarowa daga duwatsun Apuseni tana shayar da zuciyata.

Kin san magana tana yi mini nauyi. Yau dole ce ta sa.

Jibi za a rufe farantin gilashin da cibiyarmu za ta aika duniyar wata, ɗauke da littattafai da harsuna da waƙoƙin 'yan Adam, domin waɗanda za su zo bayan an manta da sunan garinmu Cluj. An ba kowane ma'aikaci gurbin hoto ɗaya, ni aka ɗora wa tantancewa kafin a zana su. Na buɗe naki. Wayyo murmushin nan, kamar hantsi a gonar inabi! Sai dai a ƙirjinki akwai zaren ja da fari na ranar ɗaya ga Maris, wanda masoyi kan ba masoyiyarsa a al'adarmu, kuma ba nawa ba ne. Na gane 'yar ƙararrawar da ke jikinsa. Horia, abokin aikinmu na sashen na'urori, shi ya yi ta kaɗa ta a ɗakin shan gahawa.

Nawa zaren fa? Kin sa shi har tuffar gidan kakarki ta yi fure, kika ɗaure shi a reshe yadda aka saba, kina tsokanata: "Farfesan shiru, ko bishiyar nan ta fi ka iya zance!" Ranar na koma gida kamar an naɗa ni sarauta. Yanzu ruwan sama yana cin zarena, na Horia kuwa zai je inda babu ruwa, babu iska, babu ruɓewa! Ashe wanda zai buɗe farantin nan bayan dubban ƙarnuka, ta Horia zai ɗauke ki?

Cire hoton yana hannuna, amma ba zan taɓa amanar da aka ba ni ba. Roƙonki nake yi: ki zo gobe ƙarƙashin tuffar nan, mu kwance zarena duk da ya koɗe, in ɗauke ki sabon hoto. In kin ƙi, zan aika wancan yadda yake, ko ɗigo ba zan rage ba.

Amma wata guda ne a sama, Ilinca, kuma tagata yake fuskanta. Kada ki sa in ƙare rayuwata labule a sauke.

Naki, muddin gilashin nan bai fashe ba, har bayan ya fashe,
Tiberiu