Kwamfutarki Tana Shagon Fatmir

Blerta, jikalle,

Share hawayenki, ganawar neman aikinki ta intanet da asibitin Jamus tana nan. Ni da na kamo tashar talabijin ta Italiya da eriyar gwangwani zamanin da ake ɗaure mutum a kan haka, wannan tsohuwar kwamfutar taki da ta ƙi kama intanet ce za ta gagare ni?

Kina barci na hau rufi na ɗaura mata eriya. Ta ƙi. Wayar da na yanko na haɗa eriyar kuwa, ashe ta intanet ɗin gidanmu ce. Yi haƙuri, kada kakarki ta ji.

Na kai wa Fatmir mai shagon kofi, ya ce, "Ramiz, ka tsufa! Manhajar kama intanet ce ta goge." Ya kifa ta ya karanta lambarta, ya soka mata wayarsa ta hannu, ya sauko da manhajar. Ina tsaye a kansa, shi ya sa ta yi.

A shagon za ki yi ganawar. Na hana 'yan wasan domino buga tebur. Sa rigar kirki, duk za mu zauna bayanki Jamusawa su san kina da mutane.

Kakanki Ramiz