Ƙoren Inna Dije da Aka Shafa wa Laka a Lokeshan

Zuwa ga Malam Sabi'u, mai ɗaukar hoto kuma shugaban tsara wuri a fim ɗinmu.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da girmamawa, ina fatan kana lafiya tare da iyali. Ni ce Rukayya, wadda ka ɗauka aikin tsara wuri bayan na gama makaranta. Na rubuto a fili ne domin a gaban ma'aikata abin ya faru.

Na farko. Ranar Alhamis da ta wuce, ƙarfe goma da minti ashirin na safe, muna ɗaukar fim a wata ruga kusa da Gwiwa. Ƙore bakwai da aka jera a bakin bukka ni na aro su daga Inna Dije, wadda ta daɗe tana kai wa mahaifiyata nono a Kazaure. Na mahaifiyarta ne, kuma 'yarta take ajiye wa. Sharaɗi ɗaya ta kafa mini: kada mai ya taɓa su, domin ƙwaryar da ta sha mai ba ta sake yin fari. Na faɗa maka sau biyu, na kuma rubuta a takardar kaya.

Na biyu. Na je mota ɗauko tabarma, ban fi minti shida ba. Na dawo na tarar an shafe ƙoren duka sun yi duhu, ga kwalbar man gyaɗa a gindin kyamara. Na tambaye ka abin da aka shafa. Ka ce farinsu yana ƙona hoto, in matsa, rana na gudu. Aka yi dariya. Awa huɗu na yi a tsaye ina tsara yadda zan dubi idon matar da ta yarda da ni.

Na uku. Da aka tashi na kai mata su, na gaya mata gaskiya tun kafin in zauna. Ta shinshina ɗaya, ta kankara da farce, sai ta fashe da dariya. Ta ce, "Ke 'yar boko, duk karatun naki ba ki san laka ba?" Ashe lakar bakin tafki ce. Muka zauna muka goge su da yashi da ruwa. Shida suka koma fari fat. Ta bakwai tana da ɗan tabo a baki, kamar faɗin ɗan yatsa. Sannan ta dama mini fura. Alhamdu lillahi.

Malam, na kalli abin da aka ɗauka, kuma gaskiyarka ce game da haske. Shekarun da ka yi riƙe da kyamara ba wasa ba ne, don in koya na zo. Kukana shi ne ka san laka ce, kalma ɗaya ta isa, ba ka faɗa ba.

Ina roƙon abu biyu. Kada a sake taɓa kayan aro sai wanda ya aro yana wurin. Sannan ka daure mu je tare ka gaishe da Inna Dije. Ba ta nema ba, ni ce nake nema.

Allah ya ƙara maka basira, ya sa albarka a aikinka.

Ga abin da har yanzu ban sani ba: ko tabon ƙwarya ta bakwai namu ne, domin Inna ta ƙi faɗa. Ko za ta sake ba ni aro. Ko bayan wannan wasiƙa za ka kira ni aikin fim na gaba a Roni. In ka kira, zan zo.

Wassalam.

Ɗalibarka,
Rukayya, daga Kazaure