Kogin da Babu Shi a Gidanmu

Ashcote, kusa da Ludlow,
cikin kakar 1621

Zuwa ga Gwaggona Philippa,

Bayan gaisuwa mai yawa da girmamawa, ina fatan wannan takarda za ta same ki lafiya, ke da Kawu Hugh da yara. Allah Ya sa sanyin Kendal bai tayar miki da ciwon gwiwa ba, Ya ƙara miki nisan kwana. Mu nan lafiya lau. An gama shigar da sha'ir, tuffa ta yi albarka har rassa na karyewa, tarin Baba kuma ya lafa tun da tsohuwa Margery mai aikinmu ta matsa masa da zuma da ruwan zafi. Farar goɗiyar nan da kike so ta haihu.

Gwaggo, ranar Lahadin da ta wuce limami ya yi shelar farko ta auren Yaya Lettice a majami'a, saura biyu a ɗaura. Na san Baba ya rubuto miki, kuma na san abin da ya ce: Allah Ya kawo mana marubucin waƙa har gida. Malam Crispin Hallowell ke nan. Da bazara ya iso a kan doki ramamme, ya miƙa wa Baba littafin waƙoƙinsa, ga sunan Baba rangaɗau a shafin farko tare da dogon yabo, yadda marubuta kan sadaukar da aikinsu ga wani babba. Baba, wanda ba a taɓa buga sunansa ko a takardar gwanjon tumaki ba, ya ba shi ɗakin da ke saman ƙofa. Kafin a yanke ciyawa ya ba shi Yaya. Ba zan ɓoye miki ba, ni ma ya burge ni. Idan yana karanta mana waƙa a gindin bishiyar lambu, ba na iya ɗaga ido, sai dai in kalli hannunsa. A littattafan jarumai da kika bar mini, baƙo mai tsohuwar alkyabba kullum ɗan sarki ne da ya ɓad da kama, kuma haka na ɗauke shi.

Abin da ya fara tsaya mini a rai shi ne yabon nan. Baba yakan sa in karanta shi duk lokacin da aka yi baƙi, har na haddace. A ciki ya yabi kogin da ke wanke ƙafar gidan Baba, ya yabi 'ya'yansa maza uku masu tsayin itacen rimi. Gwaggo, ke a gidan nan aka haife ki. In ban da kududdufin agwagi, wane ruwa gare mu? Kuma mu biyu ne, duk mata. Rannan a wurin cin abinci bakina ya suɓuce na tambaya. Malam Crispin ya yi murmushi, ya kira ni 'yar ƙanwa mai idon shaho, ya ce kogin alherin Baba ne da ke malala, 'ya'yan kuma hikimarsa ce da kyautarsa da jarumtakarsa. Baba ya buga tebur don daɗi, ya ce ashe yana da magada bai sani ba, sai a yi musu wanduna. Limami ya ce ai haka harshen mawaƙa yake, wanda ya nemi gaskiyar gona a cikin waƙa ya je ya nemi madara wurin bijimi. Kowa ya yi dariya. Ni kuwa kunya ta hana ni ƙarasa abincina.

Da na bar maganar, amma ruwa ba ya tsami banza. Na ɗauki littafin na kai taga. Sunan Baba ya fi sauran rubutun baƙi, ya kuma ɗan karkace, kamar ɗankwalin da aka ɗaura cikin sauri. Sannan Margery, tana sharar ɗakinsa, ta tsinci wani ɗan ƙarfe bai kai ƙwayar wake ba, da harafi a juye a bakinsa. Ta ce ita ba ta yi karatu ba, amma jakar mutumin nan tana ƙara kamar ta maƙeri, kuma ba ya yarda kowa ya ɗaga ta. Kawu Hugh ya taɓa ba mu labarin wasu da ke buga littafi da yawa su bar gurbin suna, su riƙa bin gidajen manya a karkara suna danna sunan kowane mai gida da hannunsu da 'yan haruffan ƙarfe. A lokacin dariya muka yi wa waɗanda aka yi wa.

Na kai wa Yaya ɗan ƙarfen. Ta ce in ji kunya, wai tun zuwansa take ganin yadda nake sunkuyar da kai ina leƙensa, littattafan soyayya sun cinye mini ƙwaƙwalwa, kuma in na ga dama in auri ɗaya daga cikin 'ya'yan Baba ukun. Maganar ta yi mini zafi domin rabinta gaskiya ne. A duk labarin da na karanta, wadda ke zargin baƙo ita ce muguwar 'yar'uwa, kuma ƙarshenta ba ya kyau. Kullum ina tambayar kaina ko ni ce ita.

Ga abin da nake roƙo. Malam Crispin ya taɓa cewa a wajenku ya yi hunturun bara, bai dai faɗi gidan wa ba, kuma da na ambaci sunanki sai ya canza magana. Na tuna maƙwabcinku Sir Ambrose Thwaite, wanda gidansa ke bakin kogi, da samarinsa uku da suka taɓa tsallakar da mu a jirgi. Don Allah ki je ki nemi ganin littattafansa, ki duba shafin farko. Ki kuma tambayi matan gidan, a hankali, ko akwai wata yarinya a can da ita ma aka yi wa karatu a lambu, ko ma wadda aka riga aka yi wa alkawari. In ba ki sami komai ba, ki faɗa mini haka, zan durƙusa in nemi gafarar Yaya da farin ciki. In kin samu, ki rubuto wa Baba kai tsaye, ke kaɗai yake jin tsoro.

Mai keken kaya ya ce in hanya ta yi taɓo ba lalle amsarki ta iso kafin shela ta uku ba. Na yi ta tunani a kan wannan. Ranar nan limami zai tambaya ko akwai wanda ya san dalilin da zai hana auren, majami'a ta yi tsit kamar kullum. Ni ba dalili gare ni ba, zargi ne, kuma na san Yaya na iya daina yi mini magana har abada. Amma aure ba a kwance shi kamar zare. In takardarki ba ta zo ba, Gwaggo, zan miƙe in roƙi a jira ta. Ki yi mini addu'a muryata ta fito.

Ki gaishe mini da Kawu Hugh, da yara, Barnaby da ƙaramarsu Sibyl. Margery na gaishe ki, ta ce kada ki yi nawa.

Taki 'yarki mai biyayya,
Avis