“La” ɗin Hawaja Idris

Karantina, Jidda
Rajab 1384

Zuwa ga yayana Malam Usman a Bur Sudan,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya kai da iyali. Matata Saudatu tana gaishe ka, ta ce a faɗa maka barkonon da ka aiko ya ƙare tuntuni. Abdulghaffar mai aikin jirgin ruwa ne zai kawo maka takardar nan, ka ba shi amsa ya juyo da ita, don maganar ba ta jira.

Yaya, kaina ya kulle. Ka san Baturen da nake dafa wa abinci tun ina saurayi, tsohon nan da yake duba lafiyar jirage a bakin teku kafin ya ajiye aiki, wanda ake kira Hawaja Idris. To, ya kwanta, likita kuma ya ja ni gefe ya ce sai dai a jira. Ba mata, ba ɗa, ba kowa sai ni. Shekaranjiya ina ba shi romo ya kama hannuna, ya ce da Larabcinsa mai gargada, “Abdu, kai za ka sa ni a ƙasa.” Na ce to. Sai da na fito waje na tuna ban san ƙasar da yake nufi ba, maƙabartar Musulmi ko ta Nasara da ke bayan katanga.

Ni duk shekarun nan na ɗauka Idris laƙabi ne da leburori suka liƙa masa. Ashe sunansa ne na yanka, in dai Turawa suna yanka. Da na tambaye shi, sai ya ce a gidansu kowane ɗan fari Idris ne, tun daga wani kakansu da ya yi alƙalanci a Ingila wajen shekara ɗari bakwai da suka wuce, yana bin garuruwa a kan doki yana yanke shari'a da sunan sarki. Alƙali Idris fa, Yaya, a Ingila. Na ce ina ya samo sunan? Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi, ya ce danginsu sun gaji da faɗa a kan wannan. Wasu sun ce uban alƙalin ya je yaƙin Ƙudus aka ji masa rauni, wani Balarabe ya yi jinyarsa, da ya koma gida ya sa wa ɗansa sunan mutumin. Wasu sun ce a'a, uwarsa daga wasu mutanen duwatsu take a yamma da Ingila, masu yarensu daban, su ma da Idris ɗinsu wanda bai haɗa komai da Annabi Idrisu ba. Wata gwaggonsa kuwa har ta bar duniya tana rantsuwa magatakarda ne ya yi kuskuren rubutu. Na ce shi wanne ya yarda da shi, ya ce ya danganta da wanda yake hira da shi.

Ban taɓa ganin ya yi salla ba, ban kuma ga ya yi irin tasu ba. Amma da azumi ba ya cin abinci a gabana, in an kira salla kuma yakan kashe rediyo. Saudatu ta ce jinin alƙalin ne yake motsi. Ni dai ina son tsohon nan, ba zan ɓoye maka ba. Shi ya tsaya mini a kan iƙama, takardar izinin zama, lokacin da ake kwasar mutane, shi ya ɗauki Saudatu a motarsa ranar da naƙuda ta zo mata da gardama. In ta Allah ta kasance, ina zan kai shi? In ce Allah ya jiƙansa, ko in kama bakina?

Ka huta lafiya.
Ƙanenka, Abdulgani

*

Bismillahir Rahmanir Rahim.
Daga Usman zuwa ga ƙanensa Abdulgani, aminci da gaisuwa. Bayan haka:

Takardarka ta iso, na karanta, na sake karantawa. Ka sani suna ba ya musuluntar da mutum. A nan Bur Sudan akwai Kibɗawa masu suna Yusuf da Ibrahim, kuma ranar Lahadi coci suke zuwa. Wannan a fili yake.

Sai dai maganar alƙalin nan ta tsaya mini a rai. Da wane littafi yake hukunci? Idan Balaraben ya yi jinyar uban wata da watanni, wa ya san abin da ya koya masa ban da suna? Mutum ba ya ɗaukar sunan baƙo ya ɗora wa ɗan cikinsa haka kawai. Har na fara karkata can, sai na je wurin wani tsoho da ya yi wa Turawa masinja a tashar jirgin ƙasa. Ya ce shi ma ya san wani Bature Idris, mashayi na ƙarshe, in ya yi tatil yakan rera waƙa da wani yare da ba Turanci ba. Ka ga wannan ya ƙarfafa zancen mutanen duwatsu. Na tafi da tambaya ɗaya, na dawo da uku, na kuma makara wajen karatun yamma saboda alƙalin da ban san ko ya taɓa alwala ba.

Shawarata ita ce ka bar kakan, ka kama jikan. Yana da rai, yana da baki. Ka laƙƙana masa kalmar shahada a hankali, ba tilas, ba tsoratarwa. In ya faɗa, halas, ɗan'uwanmu ne, sai ka kira liman da shaidu. In bai faɗa ba, ka kyautata masa iyakar ƙarfinka, ka bar mutanensa su binne shi, kuma ba a roƙa masa gafara. Kada soyayya ta ɗebe ka ka kai shi maƙabartar Musulmi ba hujja, ka jawo wa kanka 'yan sanda, ka jawo wa Saudatu da yara jirgin komawa.

Barkono yana hannun Abdulghaffar. Allah ya yi maka jagora. Wassalam.

*

Karantina, Jidda
Sha'aban 1384

Yaya Malam,

Assalamu alaikum. Muna lafiya, barkono ya iso, an gode.

Hawaja Idris ya tafi ranar Talata bayan La'asar. Ka ga na ce ya tafi, don ko kalmar da zan rubuta ban sani ba, ya rasu ne ko ya mutu.

Takardarka ta same shi ya riga ya yi nisa. Yakan farka ya yi ta magana da wani yare da ban taɓa ji a bakinsa ba, ba Turanci ba, ba Larabci ba, sai ya koma. Ranar na ga numfashin ya canza, na zauna a bakin gado na riƙe hannunsa na dama, Saudatu tana tsaye a ƙofa. Na ce masa da Larabci ya faɗi abin da zan faɗa. Na ja kalmar a hankali kusa da kunnensa, yadda ka ce. Sai ya buɗe ido, ya dube ni sosai, duban wanda ya gane mutum, ya matse hannuna, ya ce, “La.”

Ya ja numfashi kamar mai shirin ci gaba. Shi ke nan, Yaya, bai ƙara ba.

To, “la” ita ce farkon kalmar shahada. “La” kuma ita ce a'ar da yake yi mini kullum in na doso shi da magani mai ɗaci, “La, la, ya Abdu.” Saudatu ta rantse doguwa ce, irin ta mai salla. Ni da safe in na tuna sai in ji ta doguwa, da yamma in ji ta gajera. Na je wurin limamin unguwarmu, ya tambaye ni ko Hawaja ya ɗaga yatsa. Wallahi yatsan yana cikin hannuna, ni na danne shi. Matsewar da ya yi, sallama yake yi da ni, ko ƙwace yatsan yake so ya yi, ko cewa yake in ƙyale shi? Liman ya ce ba a gina hukunci a kan rabin kalma, na ce na ji.

Kafin mutanen ofishin ƙasarsu su iso da akwati na wanke shi da ruwa mai ɗumi, tun da ba mai yi. Kada ka tambaye ni niyyar da na ƙulla, ni ma ban sani ba. An kai shi bayan katanga. Turawa kaɗan ne suka zo, ɗaya ya karanta wani abu da sauri saboda rana, ni na shiga ramin na karɓi akwatin. Wannan alkawari dai na cika shi, amma na tsaya a kan kabarin bakina a rufe kamar wanda ya zo kallo, abin kuma yana ci mini rai.

Yanzu bayan kowace salla ina ɗaga hannu, in yi wa Baba, in yi wa Inna, in na zo kansa sai harshena ya tsaya. Mutumin da na san yawan gishirin da yake so, a ce ban san ko zan iya nema masa rahama ba. Kai ne malam, ka yanke mini ko ta wane gefe, zan bi.

Ƙanenka, Abdulgani

*

Bismillahir Rahmanir Rahim.
Daga Usman zuwa ga Abdulgani, aminci da ta'aziyya.

Na duba littattafan da nake da su, na ari waɗanda ba ni da su, ban sami babin mutumin da ya tsaya a kan “la” ba. Ba zan yanke ba. Kai farkon maganar ka ji, akwai Wanda ya ji sauranta, in tana da saura.

Abin da zan faɗa maka kawai shi ne, yau bayan Asuba ina addu'a bakina ya suɓuce na ce Allah ya jiƙan Idris. Idris suna da yawa a ƙarƙashin ƙasa, ban kuwa faɗi wanne ba.

Ka gaida Saudatu. Wassalam.