Inna, Za Mu Kai Gaisuwarki Tailan

Assalamu alaikum wa rahmatullah, Innata.

Bayan gaisuwa mai yawa irin ta 'ya ga mahaifiyarta, ina roƙon Allah Ya sa kina cikin ni'ima a makwancinki. Mu nan lafiya ƙalau muke. Karshi tana nan yadda kika bar ta, sai dai cunkoson hanyar Nyanya da ya ƙaru, har mutum ya gama karin kumallonsa a mota bai wuce gada ba. Na san masu bin shafina ne za su karanta wannan wasiƙa. Su yi haƙuri, yau ba da su nake ba. Labari ne da ni, tun shekaranjiya yake cina, kuma na rasa wanda zan ba wa ya yi irin dariyar da ke za ki yi.

Inna, za mu Tailan. Ni da Baba.

Na san abin da za ki yi. Za ki ajiye faifai, ki riƙe haɓa, ki ce, "Babanku? Mutumin da ko Keffi sai an yi rasuwa yake zuwa?" To shi fa. Amma bari in faro miki daga farko, don ke ce silar abin gaba ɗaya.

Kin tuna lokacin da kike sayo shanshera, shinkafa mai ƙaiƙayi, wurin manoman Orozo, ki turara, ki shanya a tsakar gida, mu yini muna korar kaji? In an dawo da ita daga inji sai ki zauna a kan tabarma da faifanki kina tsince tsakuwa ɗaya bayan ɗaya, kafin ki kai kasuwa. Da wannan shinkafar kika ɗinka mana kayan makaranta.

Sai ga 'yar Tailan ta cika kasuwa, a buhu mai hoton giwa. Masu sayen taki suka fara zamewa, wai ita ba sai an tsince ba. Ban manta ranar da kika sayo mudu guda don ki ƙure ta ba. Kika baza ta a faifai, kina bi da yatsa tun bayan azahar har aka kira la'asar, ba ki sami tsakuwa ko ɗaya ba. Mun zaci za ki yi fushi. Sai kika girgiza kai kika ce, "Kai, matan ƙasar nan akwai haƙuri! Allah Ya yi musu albarka."

Na ce miki inji ne yake tsince musu, ni mai boko. Kika kalle ni sama da ƙasa kika ce, "Inji yana da ido ne?" Daga nan ban ƙara ja da ke ba. Kuma da na sami aiki a ma'aikata, duk sanda aka yi zancen tafiye-tafiye sai kin ce, "Rakiya, in Allah Ya kai ki ƙasarsu, ki gaishe min da su. Ki ce wata 'yar'uwarsu a Karshi ta ce sannunsu da aiki."

Yanzu ga ɓangaren da ba daɗi, zan faɗa a taƙaice. Tun da kika tafi, damina biyu ke nan, Baba ya zama wani iri. Ya daina zuwa majalisarsu ta bakin kasuwa. Daga masallaci sai gindin mangwaron ƙofar gida, rediyo a gefe, ba ma ya kunnawa. Shinkafa kuwa ya daina ci kwata-kwata, ko da Sallah, wai tuwo ya ishe shi, tuwon ma loma uku ya ture. Rigunansa duk sun yi masa yawa. Na kai shi asibiti, likita ya duba ya ce ba shi da wata cuta. Tsoro ya kama ni, Inna. Gani nake a hankali yake tattara kayansa zai biyo ki, ni kuwa ban shirya rasa ku duka biyu ba.

Shi ya sa da hutuna ya ƙarato na ƙudura sai na fitar da shi daga gindin mangwaron nan, kuma ba Kaduna ko Jos ba, nesa sosai, inda idonsa zai ga abin da bai taɓa gani ba. Na zaɓi wani birni a arewacin Tailan da ake kira Chiang Mai. Na sami wata mai yi wa baƙi jagora, Musulma ce, sunanta Nuriya, muna magana ta waya. Ita ta taimaka min na tsara komai.

Da kin ga tsarin da kin yaba min. Tsohon birnin yana da ragowar ganuwa ta jan bulo da ƙofofi, ruwa ya zagaye shi, na ce wannan zai tuna wa Baba Zariya. Akwai gidajen ibadarsu masu rufi kamar an zuba zinariya, har da wani a kan dutsen Doi Suthep da ake hango garin duka daga can, matakalarsa doguwa ce amma akwai abin hawa don tsofaffi. A bayan gari akwai ƙauyen da ake yin laima da takarda ana zana mata furanni da hannu, da inda mata ke saƙar siliki. Akwai wurin giwaye, inda ba a hawansu, sai dai ka ba su ayaba ka taya su wanka. Abinci ma ban bari ba, don na san shi zai fara tambaya. Nuriya ta ce akwai unguwar Musulmi 'yan asalin Sin, da masallacinsu da gidajen abincin halal, ana yin wata taliya a cikin romon kwakwa da kaza.

Na ɗauki duk wannan na tafi Karshi ranar Asabar, ina ta rawar jiki. Baba ya sa tabarau, ya kalli hotunan ɗaya bayan ɗaya, bai katse ni ba. Da na gama sai ya miƙo min wayar ya ce, "Wa muka sani a can?" Na ce ba kowa. Ya ce, "To wa za mu gaisar?" Na ce Baba, kallo za mu je, buɗe ido. Ya cire tabarau ya ce, "In tashi da furfurata in haye teku don in kalli ginin mutane? Kallo ai na yara ne."

Ke kin fi ni sanin dokarsa. A wurin Baba ana tafiya ne don Hajji, ko fatauci, ko zumunci, ko gaisuwar rasuwa, ko neman magani. Duk abin da ya fita daga nan gantali ne. Na kawo masa zancen giwa, ya ce ya gan ta a jikin buhu, ta ishe shi. Na ce iskar duwatsun can za ta ƙara masa lafiya, ya ce me iskar Karshi ta yi mini? Na dawo gida raina a jagule, har na fara tunanin fasawa.

Ana haka sai Nuriya ta turo min wani ɗan bidiyo, ta ce ko za mu so mu ƙara kwana ɗaya a wani ƙauye da ke kan duwatsu wajen Doi Inthanon, tunda lokacin girbi za mu zo. Gonakin shinkafa ne hawa-hawa a jikin dutse. Can a ƙarshen bidiyon sai ga wata tsohuwa zaune a ƙofar ɗakin katako, da wani faffaɗan faifai na gora a cinyarta. Ta sheƙa, ta karkata shi, ta sa yatsa ta ture wani abu gefe, ta ɗauke ta jefar ta bayan kafaɗa. Wallahi Inna, ko jefarwar irin taki ce. A ofis nake, ban san sanda hawaye suka zubo ba, har ogana ya leƙo yana tambaya ko lafiya. Ashe dai matan naki suna nan. Ta buhu inji ne yake tsince ta, a nan ban janye ba, amma wadda suke ci a gidajensu da hannu suke tsincewa.

Da na koma Karshi ban je da niyyar lallashi ba, na riga na haƙura. Nuna masa kawai na yi, na ce Baba dubi matan da Inna take cewa in gaisar mata. Ya ce wace gaisuwa? Ashe bai taɓa ji ba, don a tsakar gida kike faɗa, shi kuwa yana waje. Na maimaita masa maganarki yadda kike faɗinta. Ya sa na sake kunna bidiyon. Ya ƙura wa tsohuwar ido har na fara nadamar tayar da zancen.

Sai kawai ya rufe ni da faɗa, faɗan da rabon da in ji irinsa tun kina nan. "Saƙo ta ba ki, kike zaune kina nuna min laima da giwa? Gaisuwa ai amana ce! Kuma tunda mai saƙon ba ta nan, ni ya kamata in tsaya a kai. Ki nemo mana rana." Ban taɓa jin daɗin faɗa irin na ranar ba.

Tun daga nan ban huta ba. Mutumin da ba ya ɗaga waya, yanzu kafin in isa ofis ya kira sau biyu. Mun yi fasfo, an yi masa allurar shawara, ya nuna wa duk wanda ya zo gaishe shi katin. A cikin takardun biza har da shaidar cewa mutum ba ya ta'ammali da miyagun ƙwayoyi. Da muka je ofishin da ake ba da shaidar, Baba ya zaro goro daga aljihu ya ajiye a kan tebur, ya ce wa jami'in shi dai ga abin da yake ci, in yana cikin lissafi a faɗa masa tun yanzu. Sai da duk ofishin suka dara.

Tsarin nawa ma ya birkita shi. Ni na sa ƙauyen a ƙarshe, bayan mun gama da birni. Ya ce sam, ba a fara kallo da saƙo a wuya, ƙauye za mu fara sauka, in an sauke nauyi sai a yi gantalin. Kin ji fa, gantalin ma yanzu ya yarda da shi. Ya tambaye ni yadda ake shiga gidajen ibadarsu, na ce ana cire takalmi a ƙofa, a rufe kafaɗa da gwiwa, kuma ba a miƙe ƙafa ana nuna mutum da ita. Ya gyaɗa kai ya ce mutanen da suka san wannan suna da tarbiyya, za a shirya. Shi dai zai tsaya a farfajiya ya ga aikin magina da masassaƙa, ba zai rusuna wa komai ba, in lokacin salla ya yi a nuna masa alƙibla. Nuriya ta ce ba wanda zai takura masa.

Ya koma majalisa, Inna. Can yake zama yana ba su labarin ƙasar da bai je ba tukuna, yana gyara wa mutane yadda ake faɗin Chiang Mai. Ya koyi gaisuwarsu guda ɗaya, kuma ba wanda ya tsira daga gare ta, har mai kawo ruwa. Ya kai shaddarsa wurin tela, ya ce ba zai je gaban surukan sana'arki a yamutse ba. Ni ma ban san inda ya samo wannan dangantakar ba.

Sai maganar tsaraba, don ya ce ba a zuwa gaisuwa hannu rabbana. Ya shiga ɗakinki ya fito da faifanki, wanda kika ɗaure bakinsa da jan zare. A nan muka ɗan ja, don ni na so in riƙe shi. Ya ce a wurina bango zai rataya, a wurin tsohuwar can kuwa aiki zai ci gaba da yi. Na bar masa. Yanzu haka yana cikin jaka, an naɗe shi da ɗankwalinki, ina ta addu'a kada ma'aikatan filin jirgi su ce wani abu.

To ga abin da ya sa na zauna rubuta miki. Shekaranjiya na je Karshi, ina cikin haɗa tuwo sai Baba ya leƙo madafa ya ce, "Rakiya, yau shinkafa nake so. 'Yar gida." Na yi kamar ban ji komai ba. Na aika aka sayo, na zauna na tsince iya iyawata, na dafa da wake, da mai da yaji yadda kike yi masa.

Yana cikin ci sai na ji ƙas! Ya tsaya cak, hannu a kumatu. Na ce shi ke nan, na ɓata komai. Ya fito da tsakuwar ya ɗora a tafin hannu, 'yar baƙa, yana kallonta. Sai ya fashe da dariya, dariya har da tari, har sai da na miƙa masa ruwa. Ya ce, "Da innarku ce, da wannan ba ta ga tukunya ba."

Ya wanke ta da ruwan buta, ya ƙulle a 'yar takarda ya sa a aljihun gaba. Wai zai nuna wa matan can irin abin da kika yi ta fama da shi, don su san mai gaishe su ba ƙaramar ma'aikaciya ba ce. Daga nan ya jawo kwanon ya cinye tas, ya ce in akwai saura a ƙaro masa.

Allah Ya jiƙanki, Inna, Ya haskaka kabarinki, Ya saka miki da Aljanna a kan kowace tsakuwa da kika cire don kada ta taɓa haƙorin wani. Allah Ya ƙara wa Baba lafiya da nisan kwana, Ya kai mu lafiya, Ya dawo da mu lafiya. Gaisuwarki za ta isa, in Allah Ya yarda, kuma mai kai ta ya ƙoshi.

Taki har kullum,
Rakiya